Nana Ba Ya Cin Abincin Gidanmu

Kakana na wajen uwa, Bindeshwari, wanda muke ce wa Nana, ya shekara ashirin da wani abu yana zuwa gidanmu a Mirzapur, amma ko ruwan randarmu bai san ɗanɗanonsa ba. Ba faɗa ake yi ba. Shi da Papa sun fi kowa shiri. Abin dai shi ne Ammaji, mahaifiyata, 'yarsa ce, shi ya bayar da ita da hannunsa a gaban wuta da shaidu, kuma a wurinsa mutum ba ya ba da 'ya sannan ya bi ta gidan da ya kai ta yana cika ciki.

Kowa a unguwarmu ya san wannan al'ada, kowa kuma ya san ƙofar da ake bi a sulale. Da zarar 'yar ta haifi namiji sai a ce ai yanzu abincin jikanka kake ci, magana ta ƙare. Ni ne namijin. An ce ranar da aka miƙa masa ni a cikin tsumma, kakata ta wajen uba ta ce, "To Bindeshwari, ga hujja ta iso. A zubo maka?" Ya ɗaga ni sama, ya juya ni gaba da baya kamar mai tayin kaza, ya ce, "Wannan ɗan abin? Ku bari ya zama mutum tukuna."

Na faɗi jarrabawar aji goma sau biyu. Na yi zaman shagon gyaran waya, na yi kwandastan mota, na gudu Surat neman arziki na dawo da gudawa. Duk sa'ad da aka tayar da maganar cin abinci sai Nana ya nuna ni da haɓa, ya ce, "Ya zama?"

Masaƙin darduma ne a ƙauyen Tilaura, can hayin kogin Ganga. Tun gashin baki bai fito masa ba aka zaunar da shi a gaban masaƙa, yana ƙulla zare ɗaya bayan ɗaya yana yankewa da 'yar wuƙa mai lanƙwasa. Dardumomin da ya saƙa jirgi ya kwashe su zuwa ƙasashen da bai iya faɗin sunansu ba, shi kuwa a kan gadon igiya ya kwana har ya mutu. Yatsunsa sun karkace, ba su miƙewa sosai. Idan ya nuna maka gabas sai ka nufi kudu. Matarsa ta riga shi rasuwa da daɗewa, ya rage shi da ɗansa, Kawu Jagdamba, da matar kawun, Mami.

Duk wata yakan zo. Bai taɓa zuwa hannu wofi ba: yau rake, gobe mazarƙwaila, lokacin mangwaro buhu guda a kansa. A ɗaya hannun kuma butarsa ta tagulla cike da ruwan rijiyar Tilaura, da ƙullin sattu, garin soyayyen wake da matafiya suke kwaɓawa da ruwa. Zai zauna a dandamalin ƙofar gida, Ammaji ta fito ta taɓa ƙafafunsa, ya dafa kanta, a yi hira. Rana ta take sai ya kwance ƙullinsa, ya kwaɓa garin da gishiri da albasa, ya riƙa jefawa a baki, alhali ƙamshin girkin Ammaji yana fitowa ta kansa yana shiga gidajen maƙwabta.

To a nan ciwon yake. Ammaji ta iya girki, ba irin iyawar da kowane ɗa yake faɗa wa uwarsa ba. Idan za a yi biki a unguwa ita ake kira ta ɗanɗana tukunya, ta ce a ƙara wannan, a sauke wancan. Akwai wani tsohon ɗan sanda a layinmu da yake aiko jikarsa da kwano ba kunya ba tsoro. Amma ba da wannan hannun ta zo daga gidansu ba. Ita kaɗai ce mace a wurin iyayenta, uwarta ta sangarta ta, ba ta barinta kusa da murhu. Sau ɗaya ta gasa roti kafin aurenta, gurasar ta fito baƙa ƙirin, Nana ya ce a adana ta a yi wa takalmi ƙasa. A gidanmu ta koya, a hannun kakata ta wajen uba, da ƙuna da hawaye da zagi.

Za ka ce ai sai ta je Tilaura ta dafa masa a gidansa. Ba ka san Mami ba. Da Ammaji ta doshi ɗakin girki sai Mami ta tare ƙofa da murmushi har kunne.

"Haba Didi, yayata, ke da kika zo hutu? 'Yar gida idan ta dawo baƙuwa ce. Me mutanen gari za su ce, na sa ki aiki? Zauna, zauna."

"Albasa kawai zan yanka miki."

"Na yanka."

"To in juya miki miyar."

"Ta juyu."

Rabin abin ladabi ne, rabin kuma Mami ta san idan ludayin ya shiga wancan hannun sau ɗaya, nata ya mutu a gidan. Haka aka yi ta tafiya. A ganin Nana, 'yarsa tana nan inda ya bar ta, a kan baƙar gurasa. Idan ya ga Papa sai ya riƙe hannunsa da tausayi.

"Suruki, sannu da haƙuri. Ubangiji ya ba ka lada. Cikin dai lafiya?"

Papa, wanda tumbinsa yake riga shi shiga shago, ya shafa cikin ya ce, "Muna dai maneji, Babuji."

Kowa ya yi dariya, har Ammaji. Sai dai ita takan gama tata da wuri, ta koma ciki, ka ji tukwane suna ƙara fiye da yadda ya kamata.

Ta gwada ta kowace hanya. Ta ce shinkafar da ya kawo da kansa ce za ta dafa. Ya ce itacen fa, na wa ne? Ta ce za ta dafa a gidan maƙwabciya. Ya ce hannun fa, ba na gidan nan ba ne yanzu? Ta kawo masa misalin mutane, wane yana ci, wane har kwana yake yi ana yi masa shayin safe. Ya ce, "Bitiya, 'yata, su wane ɗin ubanninsu daban, nawa daban. Nawa ya yi tafiyar yini ya je ganin yayata, ƙishirwa ta kama shi, ya ƙi shan ko ruwan rijiyar garin, sai da ya fita bayan gari. Ni da nake zama a ƙofarki ma na lalace."

Wata rana na ce masa, "Nana, iskar da kake shaƙa fa? Ta ƙofar gidanmu ce. Papa ne yake share wurin."

Ya ɗauki takalminsa. Na riga shi kai wa bakin titi.

A shekarar da na dawo daga Surat idanunsa suka yi yana. Shekaru yana ƙura wa zare ido a ɗaki mai duhu, sai da ya kai ba ya bambance ja da ruwan kasa, ya saƙa wa wani ɗan kasuwa fure mai launi biyu aka dawo da dardumar. Kawu ya kawo shi asibitin ido a garinmu, aka yi wa na dama aiki aka rufe da auduga, na hagun kuma dama hazo kawai yake gani. Likita ya ce ba shiga mota, ba ƙura, ba ruwa a fuska, ya zauna kusa har a sake dubawa. Ya auna jininsa ya ce ya hau, gishiri sai kaɗan. Kawu ya ce shi kam aiki yana jiransa, ya kama hanya.

Aka fitar wa Nana da gado a dandamali, aka yi masa rumfa da tsohon sari, dogon zanin mata. Kwanciya bai hana kansa ba, ya ce ƙasa ba ta kowa ba ce. Ruwa kuma na famfon gwamnati a bakin layi, ni nake ɗebo masa a butarsa. Da garinsa ya ƙare sai ya riƙa kwance bakin zaninsa yana ba ni kuɗi in sayo masa abinci a rumfar Cedi.

Cedi yana sayar da abinci a mahaɗar titi, wa direbobi da masu turin kura, mutanen da ba su da lokacin tauna balle ƙorafi. Miyar wakensa, wato dal, idan ka leƙa za ka ga fuskarka. Gishiri kamar an yi masa kyauta. Tsakuwa kuwa, ni ina zargin da awo yake zubawa. A kwanon ganye yake ba ka, roti a naɗe cikin tsohuwar jarida.

Nana yana ci yana tofar da tsakuwa a gefen gado, tas, tas. Ammaji tana tsaye a bayan ƙyaure tana ji. Ba a jima ba ƙafafunsa suka fara kumbura, cikinsa ya ɓaci, ni nake riƙe shi zuwa bayan gida. Ta durƙusa gabansa ta roƙe shi, ta ce lalura ce, ko malamin haikali aka tambaya zai ce ya halatta. Ya laluba kanta ya shafa.

"Bitiya, na riƙe abin nan ina da ƙarfina, sai yanzu da na kusa gamawa zan sake shi saboda zawo? Tashi, za ki ɓata sarinki."

Washegari da hantsi ta ja ni ɗakin girki ta rufe ƙofa.

"Lallan, je wurin Cedi ka karɓo mini kwanon ganye, wanda ba komai a ciki. Da jarida."

Na dube ta, ta dube ni. Na ce, "Ammaji, ke ce kuwa? Ke da kike mari na idan na ce na je makaranta alhali ina silima?"

"Za ka je, ko sai na ƙara maka wani?"

Papa yana ɗaure agogo a tsakar gida, ya ji komai. Ya ce, "Ni ban ji ba, ban gani ba, ina shago." Ya fice har yana tuntuɓe.

Ban taɓa ganin abin tausayi da ban dariya a haɗe irin na ranar ba. Matar nan ta shekara ashirin tana jiran ranar da ubanta zai ci girkinta. Na san ta sha tsara abin da za ta dafa masa, don na sha jin tana lissafawa ita kaɗai tana tsintar shinkafa. Ga ranar ta zo, kuma dole ta dafa irin na Cedi, in ba haka ba loma ɗaya za ta tona mata asiri.

Ta ɗora dal, ya nuna lugub yadda ta saba, ta tsaya tana kallonsa, sannan ta rufe ido ta kwara masa ruwa. Hannunta ya kai kan gwangwanin man shanu da kansa, ta janye shi. Tafarnuwar da take soyawa ta zuba a kai a ƙarshe, wadda ƙamshinta yake tsayar da masu keke a titi, ta bar ta a faranti. Ta murza roti, ya fito zagaye kamar wata. Ta dunƙule ta sake. Ya sake fitowa daidai.

Na ce, "Kawo in taimake ki, ɓata abu ai fannina ne."

Na murza mata guda uku masu kama da taswirar ƙasa. Ta ƙi karɓa. Ta ce ko mummuna ne, nata za ta ba shi. Ta yi ta fama har ta samu masu kauri da karkataccen baki, ta bar su suka huce.

Na ce, "Saura tsakuwa."

Na fita na tsinto mata 'yar ƙarama, na wanke ta tas na miƙa mata. Ta riƙe ta a kan tukunyar. Ta daɗe a haka. Ta ce, "Haƙoransa nawa suka rage?" Ta jefar da ita ta taga. Gishiri ma ta ɗebo irin na Cedi, cike da hannu, ta riƙa mayarwa kaɗan-kaɗan har ya rage abin da yatsu biyu za su ɗauka.

Na fita ta ƙofar baya, na zagayo ta titi ina fito, na ajiye masa a gabansa. Ya wanke hannu, ya yayyafa ruwa kewaye da kwanon yadda ya saba, ya gutsuri roti ya tsoma ya kai baki.

Ya tauna sau biyu ya tsaya.

"Lallan."

"Na'am, Nana."

"Cedi ya yi aure ne?"

"Me ka gani?"

"Ba tsakuwa. Gishirin kuma kamar wanda aka je aka tambayi likita."

Na ce, "Ai hukuma ce ta matsa musu, Nana. Yanzu duk mai rumfar da aka samu da tsakuwa sai ya cinye ta a gaban jama'a."

Bai yi dariya ba, bai kuma nemi takalmi ba. Ya juya fuskarsa mai auduga wajen ƙofar gida. Ba abin da zai iya gani. Ya ce a hankali, "Fulmati?"

Bai cika kiran Ammaji da sunanta ba, kullum Bitiya ne. Tana bayan ƙyauren, ta ɗaga hannu za ta toshe bakinta, awarwaron gilashin hannunta suka yi ƙara.

Na ɗauka zai ture kwanon. Hannunsa yana kai, lomar tana tsakanin karkatattun yatsun nan, dal yana ɗiga. Ya jima a haka har ƙuda ya sauka a bakin ganyen na kore shi. Sannan ya kai lomar baki. Ya ci a hankali, ya cinye roti duka, ya suɗe kwanon da gutsuren ƙarshe har ganyen ya yage. Ya sha ruwan butarsa, ya kwanta ya juya wa ƙofa baya. Da yamma ya ce ba ya jin yunwa.

Gari na wayewa ya ce in kai shi bakin kogi. Na ce likita ya hana ruwa. Ya ce likita ya hana fuska. Ammaji ta fito ta taɓa ƙafafunsa, ya dafa kanta kamar kullum, ya ce ta gaishe da suruki. Ta ga butar da ƙullin kayansa a hannunsa, ba ta tambaya ba.

Na riƙe shi muka sauka matakalar Ganga, inda ake wankan tsarkake zunubi. Ya shiga da zaninsa har ruwa ya kai masa wuya, tafin hannunsa ɗaya a kan audugar, bakinsa yana motsi. Da ya fito yana rawar sanyi sai ya ce tasha.

Na ce, "Nana, ba a sake duba idon ba. Kuma abinci ne fa kawai. Ba ka ga ƙafarka ba? Ita ma don..."

"Na sani. Ka ɗauka ni jaki ne irinka?"

Muka zauna a benci muna jiran mota. Ya murza tabarsa a tafin hannu ya cusa a leɓe.

"Ka ce wa uwarka ban yi fushi ba. Na san girkin wa ne, na kuma ci, ba wanda ya ɗura mini. Amma ba zan sake zuwa ba."

"To in ba ka yi fushi ba, me ya sa?"

"Don in ta sake ajiye mini zan sake ci. Na ga kaina jiya." Ya tofar da yawu. "Mutum ba ya zama kusa da abin da ya fi ƙarfinsa."

Da motar ta zo na taimaka masa ya hau, na ce ta taga, don dai in ga ya yi murmushi, "To yaya girkin?"

Ya yi ɗan tunani, tsakaninsa da gaskiya. Ya ce, "Dal ɗin ya yi ruwa. Roti kuma da kauri. Amma ta yi ƙoƙari, kada ka gaya mata."

Na gaya mata. Duka na gaya mata, don ta tsare ni a ɗakin girki ta ce in na rage kalma ɗaya ba ta yafe ba. Da na zo kan dal ɗin ta yi wata 'yar dariya, ta zauna a ƙasa dirshan, ta ja gefen sarinta ta rufe fuska.

Ya cika maganarsa. Papa ya je har Tilaura ya ba shi haƙuri, ya ce laifinsa ne, shi da bai ji ba bai gani ba. Nana ya karɓe shi hannu biyu, ya sa Mami ta yi masa abinci kala-kala, ya rako shi har bakin hanya, amma bai zo ba. Rake da mangwaro suka ci gaba da zuwa a hannun direba. Idon da aka yi wa aiki bai warke daidai ba saboda ƙurar hanyar ranar, bai sake zama gaban masaƙa ba. Da, duk wata Ammaji tana da yini guda da ubanta a ƙofar gida. Yanzu sai in an yi biki ko rasuwa a ƙauye, ko ta samu Papa ya bar ta ta je ta kwana biyu.

Bayan shekara uku, da damina, Kawu ya aiko cewa jikin tsoho ya yi nauyi. Na raka ta. Wannan ne ganinmu da shi na ƙarshe, ko da yake a lokacin ba mu sani ba. Yana kwance a gadon igiyarsa a ƙarƙashin rumfa, ya ƙanƙance, ta zauna tana matsa masa ƙafa. Suka yi hirar ruwan bana, da saniyar da ta haihu, da ni da rashin aikina. Ni ina gefe ina ɓare gyaɗa, ina ganin bakinta yana buɗewa yana rufewa. A mota ta riga ta gaya mini abin da take so ta faɗa masa: cewa da gangan ta zuba ruwan, da gangan ta yi kaurin, cewa ba haka hannunta yake ba.

Can ta ce, "Babuji, abincin nan na lokacin aikin idonku..."

"Na Cedi?" Ya katse ta da sauri, fuskarsa tana kallon rufin rumfa.

In ta ce ba na Cedi ba ne, ta faɗa da bakinta, a gidansa, Mami tana jiyowa daga ɗakin girki, cewa Bindeshwari ya ci abincin gidan 'yarsa. Kafin magariba duk Tilaura ta ji.

Ta ce, "E, na Cedi."

"Yana nan yana yi?"

"Yana nan."

"A ce masa ya rage ruwa. Yaron kirki ne, hannunsa ne bai faɗa ba tukuna."

"Zan gaya masa, Babuji."

Mami ta fito da faranti, shinkafa da dal, ta ce, "Didi, ɗan matsa in ba shi." Ammaji ta matsa.